Kwantirola Ba Ta da Laifi: Ire-iren 'Yan DJ daga Wurno zuwa Goronyo

Bayan an kwashe albasa da tafarnuwa da shinkafa daga fadamun Gulbin Rima, kuɗi sun shigo hannu, kowane maigida yana gaggawar aurar da ɗiyarsa kafin azumi, akwai wani irin shiru da mutanen Wurno da Rabah da Goronyo suka sani sarai. Shi ne shirun da ke sauka a filin biki bayan an jera sifiku huɗu, an tayar da janareta, ƙawayen amarya sun gyara ɗaurin ɗankwali sun shigo fili, DJ ya ɗaga yatsa sama don kowa ya gani, ya danna maɓalli, babu abin da ya fito. Daga nan sai a shiga neman mai laifi. A zagi NEPA, a zagi ɗan kasuwar da ya sayar da kaya, a zagi Sinawan da suka ƙera su, wani lokaci har a taɓa aljanu. Ra'ayina shi ne a mafi yawan lokuta duk waɗannan an zalunce su. Laifin yana wurin mutumin da ya haɗa na'ura da manhaja bai taɓa zama ya fahimci abin da ke gudana tsakaninsu ba, kuma mutanen nan, da yawansu da bambancin halinsu, dabara ɗaya suke yi ta fuskoki dabam-dabam: gudun zaman yini guda na karatu da gwaji.

Sai an san abin da kwantirola take kafin a gane masu ita. Farantin nan mai faifai biyu da fitilu masu ƙyalli ba shi da waƙa ko ɗaya a cikinsa, bai ma san mene ne waƙa ba. Aikinsa aika lambobi zuwa kwamfuta ta kebur. Yawancin irin waɗannan na'urori suna magana ne da tsarin MIDI, wanda aka fito da shi a 1983 bayan Dave Smith na Amurka da Ikutaro Kakehashi na kamfanin Roland a Japan sun matsa a samu hanya ɗaya da kayan kiɗan kamfanoni dabam-dabam za su riƙa jin juna. A tsarin akwai tashoshi 16, kuma ƙimar kowane saƙo tana tsakanin 0 da 127. Idan ka danna maɓalli, abin da na'urar ke faɗi bai wuce "tasha kaza, maɓalli mai lamba kaza, 127" ba. Idan ka saki ta ce 0. Ba ta cewa a kunna waƙa, ba ta cewa a tsayar. Manhajar da ke cikin laftof ce ke duba wani jadawali ta ga me aka ce ta yi idan wannan lamba ta iso. Wannan jadawalin maɓallai shi ne gaba ɗayan maganar. Kowace manhaja da yadda take rubuta nata: Traktor tana ajiye shi a fayil ɗin TSI, Mixxx a XML haɗe da JavaScript, VirtualDJ da nata harshen umarni. Jadawalin ɗaya ba ya aiki a ɗaya, kuma na na'ura kaza ba ya dacewa da ƙanwarta ko da sunansu ya bambanta da harafi guda.

Wanda ya fi kowa yawa a harkar shi ne Mai Saye Kafin Tambaya. Shi da ido yake ciniki. Ya ga hoton wani DJ na Legas a Facebook tsaye bayan na'ura mai fitilu ja da shuɗi, sai ya sayar da buhunan albasa, ya aika wa wani ɗan garinsu da ke kusa da kasuwar Alaba, ko ya shiga mota da kansa zuwa Sabon Gari a Kano, ya ce a ba shi "mai fitilu da yawa". Abin da bai sani ba shi ne kamfanonin nan sun yi wa na'urorinsu baiko tun suna cikin kwali, kuma an buga sunan mijin a jikin kwalin da manyan baƙaƙe. Pioneer DDJ-400 ta rekordbox ce. DDJ-SB3, ko da yake gidansu ɗaya, an ba da ita ga Serato. Na'urorin Hercules suna zuwa da DJUCED. Kontrol S2 ta Traktor ce tun haihuwa. Serato kuwa, manhajar nan ta birnin Auckland a New Zealand, ba ta karɓar kwantirolar da ba ta cikin jerinta, komai kyanta. To shi mutuminmu ya ji ana cewa manyan DJ Serato suke amfani da ita, sai ya dawo Rabah da DDJ-400, ya sa a ɗora masa Serato, ya soka kebur, fitilu suka kama, ya yi murmushi, ya juya faifai, allon bai motsa ba. Hukuncinsa ɗaya ne, kuma ba ya ɗaukaka ƙara: "Wallahi jabu anka saida min." Zai yi mako yana buga wa ɗan kasuwa waya yana haɗa shi da Allah, alhali kwalin da ke ɗauke da amsar yana ƙarƙashin gado an zuba masa takalma.

Maƙwabcinsa a hali shi ne Sarkin Kirak. Wannan ya ji labarin abin da ya sami na farko, sai ya yanke cewa maganin rashin sanin manhaja ɗaya shi ne tara guda biyar. A laftof ɗinsa na hannu akwai VirtualDJ iri biyu, da Serato, da Traktor, da rekordbox, duk na sata, wato kirak, duk daga filashin wani mai tura waƙoƙi a bakin kasuwa, kuma kafin a ɗora kowace sai da aka kashe manhajar kariya domin "tana da tsegumi". Yakan buɗe biyu a lokaci guda don ya ga wadda za ta fara amsawa. A Windows ɗin da yawancin kwamfutocin nan ke ɗauke da ita, manhajar da ta fara kama ƙofar MIDI takan riƙe ta ita kaɗai, haka ma direban sauti na ASIO. Ta biyu sai ta ce ba ta ga na'ura ba. Sarkin Kirak yana ɗaukar wannan a matsayin shaidar cewa ta biyun ba ta da kyau, sai ya goge ta ya nemo ta shida. Ba ya iya ko ɗaya, amma yana da ra'ayi mai ƙarfi a kan kowace. A majalisa zai gaya maka Traktor ta Jamusawa ce shi ya sa take da taurin kai, kuma ya yi gaskiya a rabin farko, don a Berlin kamfanin Native Instruments yake. Ana gane bikinsa da tallace-tallacen da ke faɗowa a allo tsakiyar waƙar amarya, da yadda fankar laftof ɗin ke kuka kamar za ta tashi sama.

A nan mai kare shi zai ce an yi masa rashin adalci, kuma maganarsa tana da nauyi. Lasisin waɗannan manhajoji da dala ake biya, wasu ma wata-wata. Saurayin da ake sallama da 'yan dubbai a bikin ƙauye, ya sayi man janareta a farashin da ya biyo bayan cire tallafi a watan Mayun 2023, ya biya ɗan acaɓa ko mai a-kori-kura da ya kwaso masa sifiku, ina zai ga dala? An ma yi shekarun da katunan naira na bankuna da dama ba sa biyan komai a waje. VirtualDJ kyauta ce a gida, amma da ka soka mata kwantirola ba lasisi sai ta fara ƙirga maka mintuna. Duk wannan gaskiya ne. Sai dai talauci ba ya bayyana manhaja biyar. Ɗaya kawai yake bayyanawa. Kuma akwai Mixxx, wadda masu sa kai ke ginawa tun farkon shekarun 2000, kyauta ce ta halal, ba ta neman rajista, ba ta neman intanet bayan an sauke ta, tana zuwa da jadawalan na'urori masu yawa, ciki har da DDJ-400 da dangin Numark Mixtrack, tana kuma da wurin da za ka koya mata maɓallanka ɗaya bayan ɗaya. Abin da ya hana ta karɓuwa a wurin Sarkin Kirak shi ne ba a ganin ta a hotunan manya, kuma abin da aka ba shi kyauta a fili ba ya yi masa daɗi kamar wanda ya sato.

Sai Mai Jadawalin Aro, wanda ni na fi tausaya wa. Shi ya kai matakin sanin cewa akwai wani fayil da ke sa na'ura ta yi magana da manhaja, sai ya roƙi wani abokinsa na Achida ya tura masa nasa ta Xender. Bai tambayi na wace na'ura ba ce, abokin ma bai faɗa ba. Rabin maɓallan suka yi aiki, sauran suka yi wani aikin dabam, faifan kuma ya koma tafiya da baya. Dalilin ƙaramin lissafi ne. Faifai ba ya faɗin inda yake, motsi kawai yake faɗi, kuma akwai hanya fiye da ɗaya ta faɗinsa. Wasu na'urori suna ɗaukar 64 a matsayin tsakiya, su aika 65 idan an matsa gaba kaɗan, 63 idan an koma baya. Wasu kuma 1 suke aikawa don gaba, 127 don baya. Idan jadawali yana jiran iri na biyu, na'ura kuwa tana aika na farko, sai manhaja ta karanta 65 a matsayin babban tsalle baya. Gyaransa sauya zaɓi guda ne a cikin saiti. Mutuminmu ba zai sauya ba. Zai horar da hannunsa ya riƙa juyawa hagu idan yana nufin dama, ya haddace cewa maɓallin tsayarwa na ɓangaren dama shi ke kunna na hagu, ya shekara a haka har ya ƙware. Irin haƙurin da ya kashe wajen koyon kuskuren ya isa ya koyi daidai sau goma. Ranar da aka ba shi lafiyayyar na'ura a wani biki a cikin Sakkwato, sai ya kasa, ya ce tasu ce ke da matsala.

Kishiyarsa shi ne Farfesa. Wannan ya karanta, har ya wuce gona da iri. Ya gano maɓallin koyarwa a Traktor, ya gano cewa kowane maɓalli zai iya yin aiki biyu idan an riƙe Shift, uku idan an ƙara wani sharaɗi, sai ya ga jadawalin da injiniyoyin kamfani suka yi wata da watanni suna tsarawa bai kai hankalinsa ba. Ya rushe shi ya gina nasa. Yanzu maɓallin kunnawa yana fitar da jiniya, na jiniya yana faɗin sunansa da amsa-kuwwa sau uku, kunna waƙa kuwa sai an riƙe abu biyu an taɓa na uku da ɗan ƙaramin yatsa. Bai rubuta komai a takarda ba, bai ajiye kwafin na asali ba. Amfanin da yake gani a ciki shi ne ba wanda zai iya taɓa masa kaya idan ya tafi salla, kuma hakan gaskiya ne. Abin da bai lissafa ba shi ne shi ma bayan hutun damina ba zai tuna ba. Farfesa ne kaɗai DJ da za ka ga ya tsaya tsakiyar biki yana kallon na'urarsa da mamaki irin na baƙo. Ya kamata a yi masa adalci dai: cikin duk waɗannan shi ne wanda ya fahimci cewa jadawali abu ne da mutum ya rubuta, mutum kuma zai iya sauyawa. Takarda da biro kawai suka rage masa.

Mai Sammu ba ya neman dalili a cikin kwamfuta ko kaɗan. Da ya haɗa kaya sifiku suka fara wani gurnani mai kauri da ba ya yankewa, sai ya ɗaga kai ya duba taron, ya hango yaron wani DJ da suke takarar unguwa, ya gyaɗa kai. An gama bincike. Gobe za a ga laya ɗaure a ƙafar tebur. Gurnanin nan kuwa yana da suna da adireshi: wutar ƙasar nan tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa, kuma idan cajar laftof da amfilifaya da mikisa suka sha wuta ta hanyoyin da ba su daidaita ba, musamman daga ƙaramin janaretan da ba a kafa masa ƙarfen ƙasa ba, sai ƙarar ta bi wayoyin sauti ta fito a sifika. Gwajin bai kai minti ɗaya ba: zare cajar, bar laftof a kan batir, idan gurnanin ya ɗauke, an kama maye. Dogayen wayoyin RCA masu jan kai da farin kai suna ƙara kwaso ƙara idan an ja su nesa, shi ya sa masu sani ke gajarta su zuwa mikisa, daga nan su ci gaba da XLR. Amma batirin laftof ɗin Mai Sammu ya mutu tun kafin ya saye shi, don haka ba zai taɓa iya yin gwajin ba, kuma imaninsa zai ci gaba da ƙaruwa biki bayan biki.

Akwai ƙananan iri biyu da ba sa buƙatar dogon bayani. Ɗaya shi ne wanda bai raba hanyar sauti ba. Katin sautin da ke cikin kwantirola yakan ba da hanya huɗu, 1 da 2 na jama'a, 3 da 4 na abin kunne, domin DJ ya saurari waƙa ta gaba a ɓoye. Shi ya tura duka waje ɗaya, don haka duk garin na jin yana lalube, ya ɗanɗana wannan ya yar, ya ɗanɗana waccan, a kan waƙar da amarya ke rawa. Ɗayan kuma ya ji an ce rage bafa, wato ɗan ma'ajin da manhaja ke tara sauti a ciki kafin ta fitar, yana rage jinkiri, ya mayar da ita ƙasa ƙwarai a kan kwamfutar da ta girmi ƙanensa. Bafa mai ɗigon sauti 512 a gudun 44,100 a daƙiƙa jinkirinta bai kai kashi 12 cikin dubu na daƙiƙa ba, abin da ba mai rawa a duniya da zai lura da shi; shi ya zaɓi 64, sautin ya koma tatsatsa, ya ce sifika ce ta fashe.

Mai Sabuntawa Ranar Biki mutum ne mai biyayya. Duk abin da allo ya ce ya yi, yana yi. Saura rabin awa a fito da amarya, ya kunna intanet ɗin wayarsa don ya sauko da waƙar da ango ya sa aka yi musu a situdiyo da sunayensu, sai manhaja ta ce akwai sabon zubi, Windows ma ta ce tana da nata. Ya amsa wa duka biyun. Sabon zubi yakan zo da sabon direba, wani lokaci ya mayar da saiti yadda yake a farko, wani lokaci ya nemi a sake shiga da adireshi da kalmar sirrin da wani yaro ya buɗe masa shekara biyu da suka wuce ya tafi ci-rani. A birni wannan ɓacin rai ne na awa ɗaya. A gabashin Sakkwato, inda sabis ke zuwa ya tafi yadda ya ga dama, asarar yini ce. Kuma mutanen yankin sun ga abin da ya fi haka: a watan Satumban 2021 an rufe layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na jihar saboda matsalar 'yan bindiga, Rabah da Goronyo suna ciki. Duk sana'ar da ta dogara da tabbatar da lasisi ta intanet ko jawo waƙa kai tsaye daga Audiomack ta tsaya cik a lokacin, wanda ya tara waƙoƙinsa a faifan kwamfuta kuma ya bar saitinsa yadda yake aiki ya ci gaba da cin abinci. Wanda ya rayu a wannan yanki ya ga haka, har yanzu yana danna "sabunta" ranar biki, ya cancanci a yi nazarinsa.

Muminin Sync ya fi su wayewa, kuma kayansa lafiya lau suke. Ya yarda da maɓallin nan da ke daidaita gudun waƙa biyu yarda marar iyaka. Muddin yana cikin waƙoƙin situdiyo, na Hamisu Breaker da Umar M. Shareef da Ado Gwanja da Nura M. Inuwa, waɗanda aka gina kiɗansu a kwamfuta bisa ma'auni tsayayye, maɓallin ba ya ba shi kunya sosai. Matsala tana zuwa ne idan dattawa sun iso. Wani kawun ango ya aiko a ce wa yaron nan ya sa musu Ɗanƙwairo ko Narambaɗa, a ji kiɗan mutane. Kotso da hannu ake kaɗa shi, makaɗa da 'yan amshi suna bin numfashin ubangidansu, su ja a nan, su sassauta a can, ga shi an ɗauki sautin a tsofaffin kaset da faifai da su ma gudunsu ba ya tsayawa wuri ɗaya. Manhaja kuwa tana neman bugu huɗu-huɗu masu tazara ɗaya ta shimfiɗa layukanta a kai. Sai ta ƙirƙiro wa waƙar wani gudu da babu shi, Mumini ya danna Sync, a ja muryar makaɗin fada a cusa ta cikin kiɗan fiyano, ta fito da sauri kamar ana korar sa. Abin da ya kamata shi ne a kashe maɓallin, a sauke waƙar farko a hankali, a bar ta biyu ta shigo da mutuncinta. Dattijon ba ya sanin sunan abin da ya faru, amma hukuncinsa daidai ne: "Wanga yaro bai san kiɗi ba."

Daga nan sai Ɗan Ado, wanda ya warware matsalar gaba ɗaya ta hanyar da ba a zata ba. Kwantirolarsa tana kan tebur, an soka ta a cajar waya don fitilu su kama, ba ta haɗe da komai. Kiɗan daga wayarsa yake fita, ta wata siririyar waya da ta bi ƙarƙashin zanen tebur zuwa mikisa. Yana murɗa maɓallai, yana jan kurosfeda, maɓallin sauyawa daga waƙa zuwa waƙa, da ƙarfi, yana dafe abin kunne da kafaɗa, yana rufe ido. Ba a gane shi sai ranar da mahaifiyarsa ta kira, duk unguwa ta ji ƙarar kiran a sifika huɗu, wani lokaci har da gaisuwar. Shi ne kuma hujja mafi ƙarfi a hannun masu cewa duk wannan dogon bayani ɓata lokaci ne. Suna cewa mutanen biki waƙa suke so da ƙara, ba ruwansu da yadda aka haɗa. Idan waya da sifika sun wadatar, mene ne na jadawali? Na yarda da rabin maganar. Bikin da ake so a sa waƙa ta ƙare a sa wata, waya ta ishe shi, kuma babu abin kunya a ciki. Amma Ɗan Ado da kansa ya rushe sauran rabin, domin da waya ta wadatar a idon masu biki da bai wahalar da kansa ɗauko farantin ba. Yana ɗauko shi ne saboda kuɗin mai kwantirola ya fi na mai waya. Masu biki suna biyan abin da suke zaton ana yi: a sassauta kiɗa daidai lokacin da mai gabatarwa zai kira dangin ango, a maimaita baitin da ke da sunan amarya lokacin liƙi, a shiga waƙa ta gaba ba tare da fili ya huce ba. Wanda ya karɓi kuɗin wannan aiki ya ba da na waya, ya rage mudu.

Wasu za su ce ai kamfanoni ne suka rikita abin da gangan, kuma ba su yi ƙarya ba. An ƙirƙiro MIDI don kaya su ji juna, sai masu sayarwa suka gano cewa riba tana cikin ɗaure mai saye. Har kamfanin AlphaTheta, mai Pioneer DJ da rekordbox, ya nemi sayen Serato a 2023, hukumar kula da gasar kasuwanci ta New Zealand ta hana a 2024. An dai fara sassautawa, DDJ-FLX4 da ta fito a 2022 tana aiki da rekordbox da Serato duka. Sai dai wannan hujja ta fi amfani ga mai rubuta ƙorafi fiye da mai biki gobe. Ɗan Goronyo ba shi da wurin gyara na kamfani a kusa, ba shi da wanda zai kira ya zo cikin awa ɗaya. Nisan nan shi ya sa sanin kayansa ya fi zama dole a kansa fiye da ɗan Legas. Wasu kuma, daga wani ɓangaren, za su ce a Wurno, garin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kafa ribaɗi, inda ya rasu a 1837 kuma kabarinsa yake, bai dace a ɓata tawada kan masu kiɗan biki ba. Muhawarar halaccin DJ a biki ta malamai ce da iyayen gari, suna kuma yin ta. Abin lura kawai shi ne sifikun nan da mikisar nan da saurayin nan su ake haya ranar wa'azi da walimar saukar karatu da taron siyasa, kuma gurnanin caja ba ya bambanta mawaƙi da mai tafsiri.

A bayan kusan kowane ɗaya daga cikin waɗannan akwai wani da ba a sa sunansa a fosta: Yaron DJ. Shi ke ɗaukar sifiku, shi ke jan janareta, shi ake aika sayen fetur a galan. Saboda shi ake bari da kaya idan oga ya tafi cin abinci, shi ya sami zaman da ogan ya ƙi yi. Ya san sai an soka na'ura kafin a buɗe manhaja, ya san wace ƙofar USB ce ta saki, ya san kebur ɗin da ke caji kawai ba ya ɗaukar saƙo, ya kwafe jadawalin da ke aiki a memorin wayarsa ba wanda ya sa shi. Idan shiru ya sauka, oga yakan yi minti biyar yana danne-danne don kada a ce bai iya ba, kawun amarya ya matso ya ce, "Mi ya sami kiɗan, ɗana?", oga ya ce, "Ranka shi daɗe, yanzu za shi tashi," sannan ya juya a fusace: "Kai, taho ka duba wanga abu da ka ɓata." Yaron ya sunkuya, ya buɗe saiti, ya mayar da fitar sauti daga sifikar laftof zuwa katin kwantirola, ya ce a hankali, "Oga, gwada yanzu." Kiɗa ya tashi, oga ya ɗaga hannu sama, aka yi masa liƙi. Da aka tashi, yaron ya naɗe wayoyi, aka ba shi kuɗin mashin da ragowar shinkafar biki, tare da gargaɗin kada ya ƙara taɓa kwamfuta ba izini.